Tifar Yashi a Hannun Hukuma: Shari'ar da Ta Ƙi Ƙarewa a Indiya

A garuruwa da dama na jihar Kerala da ke kudancin Indiya, ba sai an nuna wa baƙo ofishin 'yan sanda ba. Layin motocin da ke jibge a bakin titi shi zai sanar da shi cewa ya iso. Tifofi ne da ƙananan motocin ɗaukar kaya da taraktoci, tayoyi sun sace, tsatsa ta ci jikinsu, gilasai sun farfashe, batir da fitilu kuwa tuni suka yi ƙafa. Yashin da aka kama su da shi yana nan a baya, damina bayan damina ta jiƙa shi har ciyawa ta tsiro a kansa. Kowace mota a layin tana da mai ita, kuma da yawa daga cikin masu su suna can suna safa da marwa tsakanin lauya da kotu.

Tuhumar ɗaya ce: ɗibar yashin kogi ko jigilarsa ba tare da izini ba. Fiye da shekara 20 ke nan kotunan Indiya, tun daga majistare har Kotun Ƙoli, suna fama da ƙararrakin masu irin waɗannan motoci. Abin da ya fito fili daga wannan doguwar taƙaddama shi ne kama mota yana da hujja mai ƙarfi, amma ajiye ta shekara da shekaru ba tare da hukunci ba horo ne da babu alƙalin da ya yanke shi, kuma mafi yawan lokuta ƙananan 'yan sana'ar yake faɗa wa.

Hujjar hukuma ba ƙarama ba ce. Rahoton da Hukumar Kula da Muhalli ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta fitar a 2022 ya ce duniya na amfani da yashi da tsakuwa kusan tan biliyan 50 a kowace shekara, kuma in ban da ruwa babu wani albarkatun ƙasa da ake ci kamarsu. Rairayin hamada ba ya maganin wannan ƙishirwa, domin iska ta goge ƙwayoyinsa sun yi sumul, ba sa kama siminti yadda magini ke so. Yashin kogi mai kaushi shi ake nema wajen kankare da filasta. A ƙasar da mutanenta suka haura biliyan 1.4, kuma gine-gine ke tashi dare da rana, wannan na nufin koguna ne ke biyan kuɗin ginin birane.

Kerala tana da koguna 44, kuma manyansu irin su Periyar da Pamba da Bharathapuzha duk sun ɗanɗana. Idan aka kwashe yashi fiye da abin da ambaliya ke kawowa, gindin kogi sai ya zurfafa. Ruwan ƙarƙashin ƙasa ya bi shi, rijiyoyin ƙauyukan gaɓa su ƙafe da rani, ruwan gishiri ya kutso daga teku, gaɓa ta zabtare da gonaki, ginshiƙan gada su fito tsirara. A kogin Chambal da ke arewa, kan tudun yashin da ake kwashewa ne wani nau'in kada mai siririn baki, wanda ke dab da ƙarewa a duniya, yake saka ƙwansa.

Masu wannan harka kuma ba sa wasa da wanda ya tare musu hanya. A watan Maris na 2018 wata babbar mota ta take ɗan jarida Sandeep Sharma a garin Bhind na jihar Madhya Pradesh, yana kan babur, bayan ya yi binciken da ya nuna alaƙar masu satar yashi da wani jami'in 'yan sanda. A watan Afrilun 2023 wasu mutum biyu suka shiga ofishin Lourdhu Francis, jami'in gwamnati mai kula da ƙauye a gundumar Thoothukudi ta jihar Tamil Nadu, suka sassare shi da rana tsaka. Laifinsa shi ne ya kai ƙarar ɗibar yashi daga kogin Thamirabarani. Kafin shekarar ta ƙare kotu ta yanke wa mutanen biyu ɗaurin rai da rai.

Jami'in da ya san haka, idan ya ga tifa ta fito daga kogi da tsakar dare ruwa na ɗiga daga bayanta, ya san motar ce kaɗai abin da zai iya riƙewa. Ramin da aka haƙa ruwa zai rufe shi kafin gari ya waye. Masu lodi sun watse cikin duhu. Uban tafiyar kuwa sunansa ba ya kan kowace takarda.

Doka ta ba jami'in wannan dama. Dokar ma'adinai ta Indiya ta 1957 ta sa yashin gini cikin ƙananan ma'adinai, waɗanda gwamnatocin jihohi ke tsara ƙa'idojinsu. Sashe na 21 ya halatta kama ma'adinin da aka ɗiba ba bisa ƙa'ida ba, tare da kayan aiki da motar da ta ɗauko shi, sannan ya ce kotun da ke da hurumin sauraren laifin ita ce za ta ba da umarnin mallaka wa gwamnati abin da aka kama. Gyaran da aka yi wa dokar a 2015 ya kai hukuncin ɗauri har shekara biyar, da tarar da za ta iya kai rupi dubu 500 kan kowace hekta. Kerala ma ta yi tata dokar a 2001 don kare gaɓar koguna da tsara ɗibar yashi. A 2012, a shari'ar Deepak Kumar da jihar Haryana, Kotun Ƙoli ta toshe wata kafa da 'yan kwangila ke bi, ta ce ko filin haƙa bai kai hekta biyar ba sai an samu amincewar hukumar muhalli. A watan Agustan 2013 kotun muhalli ta ƙasa, wadda aka kafa a 2010, ta haramta ɗibar yashi daga kowane kogi a faɗin ƙasar in babu wannan amincewa.

Daga nan ne lauyoyin masu motoci suka fara neman kafa, kuma sun samu da dama.

Ta farko ita ce wa ke da ikon shigar da ƙara. Sashe na 22 na dokar 1957 ya ce kotu ba za ta saurari laifin da ke ƙarƙashinta ba sai jami'in da aka ba wa izini ya shigar da ƙorafi a rubuce. Lauyoyi suka ce ashe ke nan ɗan sanda ba shi da hurumi. Manyan kotunan jihohi suka rarrabu, wannan ta ce haka ne, waccan ta ce a'a, har Kotun Ƙoli ta raba gardama a watan Satumban 2014 a shari'ar da aka fi sani da sunan Sanjay. Ta ce kwasar yashi daga kogi ba da yardar gwamnati ba sata ce a ƙarƙashin kundin laifuffuka, don haka 'yan sanda na iya buɗe fayil su gurfanar da mutum kan sata, ba sai sun jira jami'in ma'adinai ba. A Disambar 2020, a shari'ar Jayant da jihar Madhya Pradesh, kotun ta ƙara da cewa biyan tara don a sasanta laifin ma'adinai ba ya wanke mutum daga tuhumar sata.

Ta biyu ita ce yashin da ba na sata ba. Ba kowace tifa da aka tare ba ce ta ɗebo haram. Jihar Gujarat ta taɓa hana fitar da yashinta zuwa wasu jihohi, amma a 2019 Kotun Ƙoli ta ce ba ta da ikon hana jigilar yashin da aka haƙa bisa ƙa'ida ya tsallaka iyakarta. A Tamil Nadu abin ya fi ban mamaki. A 2017 wani kamfani ya shigo da yashin kogi kusan tan dubu 55 daga Malesiya ta tashar jiragen ruwa ta Thoothukudi, ya biya harajinsa, amma hukumomin jihar suka hana a fita da shi bisa hujjar babu takardar izinin jigila. Kamfanin ya garzaya Babbar Kotun Madras. Mai shari'a R. Mahadevan bai tsaya kan yashin Malesiya kaɗai ba: a watan Nuwamban shekarar ya umarci a rufe dukkan wuraren haƙar yashi na jihar cikin wata shida, umarnin da Kotun Ƙoli ta dakatar a farkon 2018. Wato yashin da aka kawo daga ƙetare, wanda zai iya rage wa kogunan jihar nauyi, shi ne ya maƙale a tashar ruwa.

Ta uku, wadda ta fi kowace cika kotuna, ita ce makomar motar kafin a gama shari'a. Tun a watan Oktoban 2002, a shari'ar Sunderbhai Ambalal Desai da jihar Gujarat, Kotun Ƙoli ta ce babu amfanin barin motocin da aka kama su daɗe a ofishin 'yan sanda. Ta nuna hanya mai sauƙi: a ɗauki hoton motar, a rubuta cikakken bayaninta gaban shaidu, a karɓi takardar alkawari da jingina daga mai ita cewa zai kawo ta duk ranar da aka nema, sannan a sallame ta. Wannan hukunci ba kan yashi aka yi shi ba, amma da wuya a shigar da buƙatar sakin tifa a Indiya ba tare da an ambace shi ba.

Sai dai jami'an muhalli suna da amsarsu. Motar da aka saki yau kan takardar alkawari, jibi tana bakin kogi. Idan tarar ba ta kai ribar 'yan kwanaki ba, mai motar zai lissafa ta cikin kuɗin aiki, kamar mai da taya. Wannan ne ya sa kotuna suka shiga neman tsaka-tsaki.

Kerala ce ta fi kusa da samun sa. A 2010 alƙalai uku na Babbar Kotun jihar, a shari'ar Shan da gwamnatin Kerala, suka ce ana iya ba wa mutum motarsa ta wucin gadi idan ya ajiye kashi 30 cikin 100 na darajarta a tsabar kuɗi, ya kuma kawo lamunin banki ko takardar fili ko gida a kan sauran. Suka kuma ce a yi ƙoƙarin kammala batun ƙwace motar cikin mako shida daga ranar da aka kama ta, domin in an yi haka ma ba za a buƙaci zancen sakin wucin gadi ba. Wannan jimla ta ƙarshe ita ce zuciyar hukuncin, kuma ita ce aka fi yin biris da ita.

Kotun muhalli ta ƙasa ta ɗauki hanya mai tsauri. A 2019 ta ce kada a saki motar da aka kama da haramtaccen yashi sai an biya rabin farashinta na sabuwa. Sakamakon bai zo yadda aka yi zato ba. Tifar da ta tsufa ba ta kai rabin kuɗin sabuwa ba, don haka barin ta ya fi wa mai ita sauƙi, harabar 'yan sanda kuwa ta ƙara cika. A Fabrairun 2020 kotun ta sassauta, ta mayar da shi tsayayyen kuɗi daga rupi dubu 200 zuwa dubu 400, gwargwadon darajar mota da shekarunta, ta ce wanda bai zo ya biya cikin wata guda ba a ƙwace a yi gwanjonta.

Akwai kuma tambayar da ta fi ciwo: idan mai motar ba shi da hannu fa? Yawancin tifofi bashin banki ne ko na kamfanin lamuni. Mai ita ya ba da haya, ko ya danƙa wa direba, direban ya yi lodin dare don ya samu na cefane. An kama mota, banki bai daina lissafin wata ba, yaron mota da direba sun koma zaman kashe wando, kuma ko an wanke mai ita bayan shekara uku abin da zai tarar kwarangwal ne da sai 'yan gwangwan. Wani hukunci da ya shafi shanu, ba yashi ba, ya ba irin waɗannan mutane abin riƙewa. A shari'ar Abdul Vahab da jihar Madhya Pradesh, an kama babbar mota ɗauke da shanu 17 bisa dokar hana yankan shanu. Kotu ta wanke waɗanda ake tuhuma, amma shugaban gunduma ya ba da umarnin ƙwace motar. A 2022 Kotun Ƙoli ta soke umarnin, ta ce ya saɓa wa sashe na 300A na tsarin mulki, wanda ya hana raba mutum da dukiyarsa sai bisa ikon doka.

Idan aka tattara waɗannan hukunce-hukunce, ba wai alƙalai sun kasa gane matsalar ba ne. Sun gane, sun kuma faɗi maganin tun tuni. Abin da ya gagara shi ne lokaci. Sabon kundin tsarin shari'ar laifuffuka da ya fara aiki ranar 1 ga Yulin 2024 ya yi yunƙurin ɗaure wannan: sashe na 497 ya ba kotu kwana 14 ta rubuta bayanin kayan da aka kawo mata, a ɗauki hoto ko bidiyo da zai tsaya a matsayin shaida, sannan cikin kwana 30 ta yanke yadda za a yi da kayan. Wa'adin ya yi daidai. Abin da ya rage shi ne ya zama yana da haƙori. Idan hukuma ta bari wa'adi ya wuce ba ta shigar da ƙorafi ba, ya kamata motar ta koma hannun mai ita kan jingina ba sai ya ɗauki lauya ba, kuma jami'in da ya yi sakaci ya amsa tambaya. Ikon riƙe dukiyar mutum ba iyaka, a hannun wanda ba alƙali ba, ƙofar neman na goro ce a buɗe, kuma mai tifa ɗaya ya fi kowa sanin haka.

Haka nan bai kamata a yi wa kowa kuɗin goro ba. Wanda aka kama karon farko da takardar izini da ta wuce lokacinta da 'yan awoyi ba ɗaya yake da motar da aka kama sau uku ba lamba ba. Na farko jingina mai ma'ana ta ishe shi. Na biyu kuwa a ƙwace ta hannun kotu, a yi gwanjonta tun tana da daraja, kuɗin ya tafi gyaran kogi kamar yadda dokar Kerala ta tanadi asusu don haka. Motar da ta ruɓe a bakin titi ba ta amfani mai ita ba, ba ta amfani baitulmali ba, ba ta kuma mayar da ko shebur guda na yashi cikin kogi ba.

Mai karatu a Kano ko Kaduna ba baƙon tifar yashi ba ne, yana ganin su kullum suna fitowa daga kogin Challawa ko kogin Kaduna. Tsarin mulkin Najeriya na 1999 ya danƙa ma'adinai a hannun gwamnatin tarayya a sashe na 44, kuma sashen ne dai ya yarda a riƙe dukiyar mutum na ɗan lokaci don bincike. Tun da aka ƙaddamar da dakarun musamman na yaƙi da haƙar ma'adinai ba bisa ƙa'ida ba a watan Maris na 2024, tambayar tsawon wannan ɗan lokaci ta zama wadda kotunan Najeriya ma ba za su kauce mata ba, kuma abin da Indiya ta sha ya isa a duba.

Amma ko an gyara wa'adi da jingina, babban giɓin yana nan: an bar jaki ana dukan taiki. Tifa ita ce ƙarshen igiyar. A sama akwai ɗan kwangilar da ya haƙa ninkin abin da lasisinsa ya yarda, da mai buga takardun jigila na jabu, da jami'in da ya kawar da kai, da kamfanin ginin da ya sayi yashin bai tambayi asalinsa ba. Ƙa'idojin sa ido da gwamnatin tarayyar Indiya ta fitar a 2020 sun tanadi auna wuraren haƙa da jirage marasa matuƙa, da bin motoci da na'urar gano wuri, da takardun jigila masu lambar da ba ta kwaikwayuwa, duk don a kama sata a bakin rami maimakon a kan titi.

Abin da ya faru a Tamil Nadu, inda gwamnati da kanta take gudanar da haƙar yashi tun 2003, ya nuna wahalar hawa saman igiyar. A watan Satumban 2023 hukumar tarayya mai yaƙi da halasta kuɗin haram ta kai samame wuraren haƙa a faɗin jihar. Ta yi zargin cewa an kwashe yashin da darajarsa ta kai rupi biliyan 47, alhali abin da ya shiga littafin gwamnati bai kai miliyan 400 ba. Da ta gayyaci shugabannin gundumomi biyar su yi bayani, gwamnatin jihar ce ta je kotu don a dakatar da gayyatar, sai da Kotun Ƙoli ta umarce su a Fabrairun 2024 su bayyana. Hukumar ta kuma riƙe kadarorin 'yan kwangila, ciki har da injinan haƙa fiye da 200. A watan Yulin 2024 Babbar Kotun Madras ta soke wannan riƙewa, bisa dalilin cewa haƙar ma'adinai ba ta cikin jerin laifuffukan da dokar halasta kuɗin haram ta ba hukumar ikon bi, kuma ba a danganta mutanen da wani laifi da ke cikin jerin ba.

Hukuncin yana da madogara a doka, domin hukuma ba ta da ikon wuce huruminta ko da zarginta gaskiya ne. Abin lura shi ne saurin da aka yi. Manyan 'yan kwangila da manyan lauyoyi sun samu amsar kotu kan dukiyarsu cikin watanni, alhali mai tifa ɗaya a Kerala, wanda alƙalai suka yi wa alkawarin mako shida tun 2010, sau da yawa sai ya kai har Babbar Kotu kafin a ce wa jami'in gunduma ya duba takardarsa. Majalisar dokokin tarayya ce ke da ikon sanya satar ma'adinai cikin wancan jeri, gwamnatocin jihohi kuma su ke da ikon sa jami'ansu su mutunta wa'adi.